Bakina, Muryarki

Alƙahira, 4 ga Maris, 1984

Ƙanwata Nabawiyya,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da maigidanki Hajji Abdulmaƙsud da yara. Wafiyya Sabri ce, idan shekara talatin ba ta goge miki sunan ba. A wurin tsohon direbanmu na samo adireshinki.

Ina nan ni kaɗai, sai wata kyanwa mai baƙin hali. Duk Juma'a talabijin na sa tsofaffin finafinaina, in zauna ina kallon wata yarinya mai sunana tana motsa baki, muryarki na fitowa. Fim goma sha huɗu kika yi min waƙa a bayan labule, ko sau ɗaya ba a rubuta sunanki ba. Ni kuwa na karɓi furanni ban ce uffan ba.

To, ga dama ta samu. An gayyace ni hira a talabijin ƙarshen wata, kuma na san sai sun ce in rera ko baiti ɗaya ne. Zan faɗi gaskiya, in kira sunanki. Ki tara mutanen gidanku su kalla.

Taki,
Wafiyya

Dumyaɗ, 12 ga Maris

Yayata Abla Wafiyya,

Na amsa gaisuwa. Wasiƙarki kuwa a murhu ta ƙare.

Kin manta cewa da ƙaryar koyon ɗinki nake fita daga gidan babana? Har ya rasu bai sani ba. Hajji ma bai sani ba, mutumin da ke jan salla idan liman ya yi tafiya. Matar ɗana Ra'afat takan rera waƙoƙin nan tana yanka lalo, ni ce ma mai ce mata ta rage murya. Kullum sai ta ɓata amshin, in ciji leɓe.

Kin ci daɗin abin da ƙuruciya, yanzu ya yi miki nauyi za ki sauke shi a tsakar gidana. Don girman Allah ki rufa min asiri, kuma kada ki sake rubutowa.

Wassalam,
Ummu Ra'afat

Alƙahira, 2 ga Afrilu

Ƙanwata,

Ina gaisuwa, kuma ki yafe min wannan ɗayar. Ban faɗa ba. Da suka ce in rera, na ce mura nake yi. Mai hirar ta ce da muryata aka raini ƙasar nan, na ce na gode.

Kin yi gaskiya, ba don ke na so yi ba. Mazana uku duk muryar suka aura, kowa ya gane ya kama gabansa. Ke kaɗai kika san ko a banɗaki ban iya waƙa ba, amma kika riƙa zama da ni kina nuna min inda zan ja numfashi, ba ki taɓa yi min dariya ba. Kewarki nake yi, na rasa hanyar da zan bi.

Allah ya bar ki da iyalinki.
Wafiyya

Dumyaɗ, 10 ga Afrilu

Abla,

Gaisuwa. Mai kai wasiƙu a shagon kafinta ya miƙa wa Hajji taki. Ya dawo gida, ya ajiye ta a buɗe, ya nemi shayi. Ni dai na sadaƙar aurena ya mutu. Sai da ya shanye ya ce:

"Tun ranar da na ji kina yi wa Ra'afat waƙar barci na gane. Fim ɗin Wafiyya na farko sau tara na shiga, kuma ido rufe nake zama."

Wai ya yi shiru ne don kada in ji kunya. Na yi kuka, na kuma ji haushinsa ƙwarai. Ya ce ki faɗa wa duk wanda kike so.

Ƙanwarki,
Nabawiyya

Alƙahira, 17 ga Afrilu

Nabawiyya,

Ki gaishe min da Hajji, ya iya zaɓe. Na buga wa mutanen talabijin waya sau uku, sun ce ba sa gayyatar mutum sau biyu. Jiya na faɗa wa mai guga na ƙasan benenmu komai, ya saurara da ladabi, sannan ya tambaye ni wane fim ke nan.

Ki zo kawai. Ba sai kin yi waƙa ba.

Yayarki,
Wafiyya