Addu'ar da Gurdiyal Bai Yi Ba

Tandabawi, Makka
20 ga Zulhajji, 1367

Zuwa ga Yaya Shatu,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Yaya jikin Inna, yaya yara? Ni lafiya lau, ina ɗinki a shagon Malam Isa, wani Basakkwace da ya ba ni masauki.

Kin sha yi mini faɗa cewa tun da na dawo daga yaƙin Bama ba na zama cin tuwo da kowa bayan magariba. Yau zan gaya miki dalili.

A can na yi aboki, Gurdiyal Sing, sojan Indiya mai bin addinin Sik. Ga rawani ga gemu, ranar farko har na nemi ya ja mu salla, ya yi ta dariya. Su ma suna da addu'ar faɗuwar rana, Rahras suke ce mata. Yakan wanke hannu da ƙafa, ya tuɓe takalmi, ya karanta ta daga ɗan littafinsa, bai taɓa fashi ba. Sai muka shirya, in ina salla ya riƙe bindiga, in ya fara tasa ni in riƙe. Kullum ni yake bari in fara, wai lokacin tawa ya fi saurin ƙurewa.

Wata rana ina sujada aka harbo daga daji. Harsashin ya wuce ta kaina ya same shi, shi da ke tsaye, nan take ya mutu. Bai kai ga tasa addu'ar ba.

Har da shi a abin da ya kawo ni nan, Yaya. Na ƙudurta a Arfa zan roƙa masa gafara. Malam Isa ya ce ba a nema wa wanda ya mutu ba Musulmi ba. Na tambayi malamai biyu, duk bakinsu ɗaya, ban kuma yi musu ba. Na tsaya a Arfa na roƙa wa kowa, har mijinki da ba ma shiri, amma na kasa ambaton sunan Gurdiyal. Wallahi na yi kuka kamar yaro.

Addu'arsa ban iya ba, tawa kuma an ce ba ta halatta gare shi ba. Ba ni da dabara. In na sallame magariba sai in miƙe a ƙofar shago, kamar yadda na saba yi a gida, in yi shiru gwargwadon tsawon karatunsa. Maƙwabta sun ɗauka iska nake sha. Gadi nake yi, Yaya. Na yi tawa, saura tasa.

Ki gaishe mini da Inna, amma kada ki karanta mata wannan.

Ni ne ƙaninki,
Hashimu