Sandar Shanya

Litinin, 3 ga Maris
Maigida ya tafi aikin ginin nan na nesa. Da safe sandar shanyata ta karye, sai ya saro reshen ceɗiyar bakin titi ya kafa min a tsakar gida. Kafinta guda, amma a gidansa an rasa katako. Na faɗa masa haka, ya yi dariya. "Ceɗiya ai ba itacen aiki ba ce, laushi gare ta. Ki lallaɓa da ita. Kafin ta bushe na dawo na kafa miki ta ƙarfe."

Juma'a, 14 ga Maris
Na leƙa shagonsa, ba don ina neman komai ba. Fensirinsa na nan a kan benci. Ƙanshin garin katako har yanzu. Ina kewarsa, ba ni da wanda zan gaya wa.

Lahadi, 6 ga Afrilu
Ya kira. Wai aiki ya ƙaru. Ban tambayi yaushe ba, tsoron amsar nake.

Laraba, 21 ga Mayu
Sandar nan ta yi toho. Toho fa. Na tsinke ganyen, farin ruwanta ya yi min danƙo a yatsu har la'asar. Kullum sai na ƙwanƙwasa ta in ji ko ta fara bushewa, da ita nake auna dawowarsa. Yanzu ita ma za ta raina min hankali.

Alhamis, 12 ga Yuni
Surukata ta kama ni ina tsinka. "Ke 'yar nan, wahalar da kanki kike yi. Reshen ceɗiya in ya taɓa ƙasa ya ji ruwa, ya kama ke nan. Mijinki ya fi kowa sani, tun yana yaro yake dasa su."
Ashe ya sani.
Na kwashe wankina na shige ɗaki, ko a jiƙe yake ban damu ba.

Talata, 24 ga Yuni
Ya kira, ban ɗauka ba. Daga baya na zauna ina kallon wayar.

Asabar, 5 ga Yuli
Na cire igiyar shanya daga jikin sandar, na mayar da ita kan ƙusar taga. Tana yanka ɓawon ne kawai, shi ya sa. Bulon da na jera kewaye da sandar kuwa saboda akuyar maƙwabta ne.
Auta ta zuba mata ruwa da kofinta, ta ce, "Umma, za ta yi inuwa kafin Baba ya dawo?"
Na ce za ta yi.