Abokin Shirwa a Cikin Gidana

Kinkinau, Kaduna
Ranar Litinin

Zuwa ga aminiyata Hassana,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidanki da yara. Yaya jikin Inna? Allah Ya sa kumburin ƙafar ya saɓe. Yaya aikin asibiti, yaya kuma damina a Rigachikun? Mu nan lafiya, sai godiyar Allah.

Na san za ki yi mamakin ganin wasiƙa a hannun direba alhali ga waya. Wayar ce ba tawa ba ce ni kaɗai, babu abin da Fiddausi da Fahad ba sa buɗewa a cikinta. Kuma abin da zan faɗa miki, na gwada faɗarsa da baki ni kaɗai a ɗaki, bakin ya ƙi.

Ban sani ba ko yaranki na kallon shirin nan mai dogon zango da ake nunawa a talabijin duk Asabar da yamma, wato Shirwa. Labarin wani saurayi ne ɗan Unguwar Shanu mai tashi sama da baƙar alkyabba, yana ceton mutane daga ambaliya da mugaye. Asalinsa labarin zane ne da ake bugawa a ƙananan littattafai tun muna 'yammata. Shi Shirwa yana da aboki tun na yarinta, Tanko, wanda shi kaɗai ya san sirrinsa. A talabijin sun mai da Tankon nan abin dariya. Yana in'ina, kafin kalma ta fito sai ya bubbuga gwiwa da yatsu, ya runtse ido, kafin ya gama gargaɗin Shirwa mugun ya riga ya iso.

Kin san ni da kwaikwayo. Ke ce kike tsare mini ƙofar aji in na kama muryar malamar lissafi. To Tanko ya zama nawa a gidan nan. In zan kira yara cin abinci da muryarsa nake kira, in zan aike su haka. Su yi ta birgima a ƙasa. Abban Fiddausi kuwa ba ya dariya, ni kuma ban damu ba, don ai sau nawa na yi miki ƙorafin cewa na auri dutse? Ya koma fita duk Asabar da yamma, ya koma cin abincinsa a ɗaki. Na ce aikin ofis ne.

Jiya bayan la'asar muka yi baƙo, Abban Fiddausi ya fita masallaci bai dawo ba. Ya ce sunansa Tijjani, tare suka tashi da maigidan a Unguwar Shanu, yanzu yana zaune a Abuja. Na sa Fahad ya shigar da shi falo. Ina kicin ina haɗa masa lemo na ji ihun yara. Ashe ya ga hoton Shirwa a jakar makarantar Fahad, ya gaya musu shi ne ya fara zana shi. Da na shigo da faranti suka maƙale mini, wai sai na yi masa Tanko, wai Mama ta fi na talabijin iyawa. Da ina da hankali sai in ajiye faranti in fita. Amma kaina ya kumbura, ga mai abin da kansa. Na tsaya a bakin ƙofa, na bubbuga gwiwa, na runtse ido, na yi masa sannu da zuwa irin ta Tanko.

Bai yi dariya ba. Idonsa ma ba a kaina yake ba, yana kallon bayana ne. Na waiga, sai ga Abban Fiddausi a tsaye da carbi a hannu. Baƙon ya miƙe, ya ce, "Datti, wallahi ba haka na zana ka ba. Abin da ya kawo ni ke nan."

Hassana, ban fahimta nan take ba. Sai da na ga hannun mijina ya sauka kan cinyarsa, yatsunsa suna bubbugawa a hankali kafin ya ce wa baƙon ya zauna. Shekara da shekaru ina ganin yatsun nan suna haka. Ni na ɗauka ɗabi'a ce kawai, kamar mai sosa gemu.

Ban san yadda na koma kicin ba. Daga can na ji Tijjani yana ba da haƙuri. Ya ce a littattafansa Tanko mai shiru ne kawai, mai tunani, shi ke gano maɓoyar mugaye. Ranar da suka zauna da masu shirya fim ne ya yi suɓutar baki ya ba su labarin abokinsa na gaskiya, suka ce ai nan dariyar take. Ya ce ya hana, ba a saurare shi ba. Abban Fiddausi bai ce masa komai ba sai "ba komai", ya raka shi har mota.

Tun jiya ban iya haɗa ido da shi ba. Ki sa ni a addu'a. Ki gaishe da Inna da kyau, kada ki gaya mata.

Taki har kullum,
Aziza


Kinkinau, Kaduna
Ranar Alhamis

Hassana 'yar uwata,

Sallama da gaisuwa irin ta zumunci. Ina fata kuna lafiya, ya gajiyar aiki? Amsarki ta zo, da ɗanyar masarar, Allah Ya saka da alheri. Kin ce in durƙusa in ba shi haƙuri kawai. Na yi, ranar Talata da safe kafin ya tafi ofis. Ya ce "ba komai", ya ɗauki makullin mota. Irin "ba komai" ɗin da ya ba baƙo ita ya ba ni.

Babu faɗa a gidan. Yana gaishe ni, yana cin abin da na dafa. Da ya zage ni da na fi samun sauƙi.

Na ɓoye remot, na ce an daina kallon Shirwa. Fahad ya yi kuka har da shessheƙa, Fiddausi kuma ta tsare ni da ido tana tambayar abin da baƙon nan yake nufi. Na ce ta rufe mini baki. Laifi nawa, tsawa a kansu.

Akwai abin da ya fi wannan, sai da na kwanta ya faɗo mini a rai. Kin tuna sunan jaririn Safiya, ƙanwar Abban Fiddausi, da aka yi a gidansu na Unguwar Shanu bayan Sallah? A tsakar gidan nan, gaban yayyensa da gwaggonninsa, na yi Tanko. Matan maƙwabta suna ta tafawa suna cewa in ƙara, na ƙara. Na tuna Safiya ta sunkuyar da kai tana gyara wa jariri hula. Na tuna Hajiya, mahaifiyarsa, ta tashi ta ce bari ta duba tukunya, alhali an daɗe da sauke abinci. A gidan da aka haife shi, Hassana. A unguwar da kowane dattijo ya san ko wane ne Tanko.

Jiya na ɗauki mayafi na tafi wurin Hajiya. Na shiga lungun ina jin kamar kowa ni yake nunawa. Na durƙusa a gabanta na fashe da kuka. Ta bar ni na yi mai isata, sannan ta ce ta san ban sani ba, domin shi ya roƙe su kafin aurenmu kada wanda ya gaya mini.

Ta ba ni labarin da ban taɓa ji ba. Ta ce yana yaro in'inarsa ta kai in an aike shi shago sai ya dawo hannu wofi, don ya kasa faɗin abin da aka aike shi. A firamare wani malami yakan tsayar da shi gaban aji ya karanta, don a yi dariya. Tijjani ne ke amsa masa suna in ana kiran rajista, shi ke yi masa ciniki, shi ke dambe a kansa. In sun taso sai su zauna bayan gida, Tijjani na zane da gawayi a bango, shi kuma yana ƙirƙiro abin da Shirwa zai yi. Ta ce abin mamaki, in yana ba Tijjani labarin nan harshensa ba ya sarƙewa.

Da ya girma shi ya yi wa kansa magani. Ya koyi magana a hankali, ya koyi gane kalmar da za ta maƙale tun kafin ta iso, ya sauya ta da wata. In babu wata sai ya yi shiru. Hajiya ta ce shi ya sa bai taɓa yarda ya ja salla a masallacin layinsu ba, shi ya sa ya ƙi kujerar da aka so ba shi a ma'aikata, wadda sai an riƙa jawabi a taro. Kin tuna yadda na yi wata guda ina fushi a kan kujerar nan, ina ce miki ba shi da zuciyar nema?

Har sunana ta taɓo. Ta ce in lura, tun da muka yi aure bai taɓa kirana Aziza ba sai dai "uwargida", domin farkon sunan yana daga cikin abin da ke riƙe masa harshe. Ni kuwa na daɗe da sa wannan cikin lissafin rashin so.

Na dawo gida a keke napep ina rufe fuska da mayafi. Ina kwana ɗaki ɗaya da mutum, na haifa masa 'ya'ya biyu, na iya muryar kowa a layinmu har mai tallan kifi, amma tasa ban taɓa saurara ba.

Ki gaida yara. Ki ce wa maigidanki ina gaisuwa.

Taki,
Aziza


Kinkinau, Kaduna
Ranar Lahadi

Aminiyata Hassana,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki da dukan mutanen gida. Na ji daɗin jin Inna ta fara taka ƙafar, Allah Ya ƙara sauƙi. Ki yafe mini jinkirin amsa, sai yanzu na sami abin faɗa.

Ranar Laraba, mako guda da zuwana wurin Hajiya, malamin Islamiyyar su Fahad ya tare Abbansu a ƙofar masallaci. Ya ce akwai wani yaro mai in'ina a ajinsu, Usman, wanda ya daina zuwa. Da aka bincika, Fahad ne ke bin sa yana bubbuga gwiwa, sauran yara na kiransa Tanko. Ba sai na gaya miki inda ɗana ya koyo ba.

Da ya shigo na ga fuskarsa na ce yau Fahad zai sha bulala. Sai ya ce in kira yaran duka biyu, ni ma in zauna. Ya ajiye hula a gefe, abin da ba ya yi sai zai kwanta. Ya ce wa Fahad, "Ka san Tanko?" Yaron ya gyaɗa kai. Sai ya buɗe baki zai ce shi ne, kalmar ta tsaya. Bai sauya ta ba, bai yi shiru ba. Ya runtse ido, jijiyar wuyansa ta tashi, leɓensa na rawa, mu uku muna kallonsa. Fiddausi ta ɗauko za ta ƙarasa masa, na damƙe hannunta. Da ƙyar ta fito. "Ni ne."

Daga nan ya yi ta magana, fiye da duk abin da na taɓa ji daga bakinsa a zama ɗaya, yana tuntuɓe yana tashi. Ya ba su labarin shagon, da malamin, da bangon gawayi. Can Fahad ya tambaya ko Baba Tijjani ya iya tashi sama. Abbansu ya yi dariya, ya ce ko katanga ba ya iya haurawa, shi ke ɗaga shi. Washegari ya riƙe hannun Fahad suka je gidan su Usman. Ban san me ya ce musu ba, amma yaron ya dawo makaranta.

Bayan yara sun fita na sake ba shi haƙuri. Wannan karon bai ce ba komai ba. Ya ce dariyar ba ita ta fi ƙona shi ba, ya saba da ita tun yana yaro. Ya ce ɗan wasan talabijin bai iya ba, gwiwa kawai yake duka kamar mai kiɗa. Ni ce na iya. Yadda nake jan numfashi kafin kalma, yadda nake kautar da ido gefe, duk nasa ne, babu su a talabijin. Saboda haka ya tabbatar wa kansa na daɗe da gano shi, ina yi ne da gayya, a gaban 'ya'yansa. Watanni yana ɗauke da wannan yana cin tuwona.

Na rantse masa ban sani ba. Ya ce ya yarda, ya gani a fuskata ranar da Tijjani ya zo. Na koma kicin ina tunanin maganarsa. Ashe idona ya gani, jikina ya ɗauka har ya iya maimaitawa, zuciyata ce ba ta taɓa tambaya ba. Har yanzu ban san wanne ya fi muni ba, abin da ya zarge ni da shi ko ainihin abin da ya faru.

Shi ya ce in fito da remot. Jiya ya zauna ya kalli shirin tare da yara, yana gaya musu inda aka ɓata labarin. Babu wanda ya yi dariya da Tanko ya fito. Ni daga bakin ƙofa na kalla, ban iya zama ba tukuna. Tijjani ya bugo waya, sun daɗe suna magana. Tijjani ya ce zai sake gwada yi wa masu shirin magana, amma Abban Fiddausi bai sa rai ba.

Maganarsa ta ƙaru a gidan, in'inar ma ta ƙaru, tunda ya daina ɓoye ta. Wani lokaci ruwa na tafasa a kan wuta ni kuma ina tsaye ina jiran kalma ɗaya. Da wuya, Hassana, ga mai baki irin nawa. Ina koyo.

Mun shirya zuwa duba Inna ranar Asabar mai zuwa in Allah Ya kai mu, shi zai kawo mu. Alfarma ɗaya nake roƙo, ki gaya wa maigidanki ma. In ya tsaya a tsakiyar gaisuwa, kada ku ƙarasa masa, kada ku kau da kai. Ku jira shi, zai iso.

Allah Ya bar zumunci, Ya rufa mana asiri duniya da lahira.

Taki mai ƙaunarki,
Aziza