Ƙarar Marmaro da Almakashin Lejla

Ni Zumreta, matar marigayi Hajrudin, na rubuta wannan da cikakken hankalina. Ƙafafu ne suka gaza, kai yana nan garau. 'Ya'yana Senad da Mirsada, ku karanta tare.

Na ɗaya. Gida na Mirsada ne, gonar tuffa ta Senad, kamar yadda kuka amince a gabana. Na gode da jinyar da kuka yi mini ba tare da ɓata fuska ba.

Na biyu, marmaron da ke kan iyakarmu da maƙwabcinmu Milutin. Mahaifinku ya kai shi kotu a garin Bijelo Polje saboda Milutin ya karkatar da ruwan zuwa gonarsa. Ya rasu shari'a ba ta ƙare ba, na gaje ta da zafina, ko gaisuwa ba ma yi.

Sai jikata Lejla ta kwanta ciwo, kullum tana ƙara ramewa. Na yi abin da iyayenmu ke yi: na fito da ita bakin hanya da sassafe, da almakashi a hannu. Duk wanda ya fara wucewa shi zai yanke mata gashi, ya zama kum ɗinta, uban askin da ya koma ɗan gida. Wa zai ɓullo? Milutin, cikin kwat ɗinsa na zuwa coci, zai tafi zaman shari'armu. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Ya dubi yarinyar ya ce, "Miƙo almakashin, Zumreta, alƙali ya jira." Lejla ta warke. Ko maganin asibiti ne ko albarkar askin, Allah ne masani, ni dai na gode.

Ba a tsayawa gaban alƙali da kum. Lauya ya ce hanya biyu ce: in yafe haƙƙin har abada, ko in janye ƙarar kawai, da damar dawowa. Na zaɓi ta biyu. Senad, ka ce rabin zumunci na yi. Milutin kuwa dariya ya yi ya ce, "Ke ko Aljanna aka ba ki sai kin riƙe makulli, tsohuwa." Washegari da kansa ya buɗe mana magudanar.

Na uku. Muddin Milutin ko jininsa ke noma gonar nan, ban yarda a tayar da ƙarar ba. Amma ɗansa da ke Jamus yana son a sayar da gonar, tsohon ya faɗa mini da hawaye. Ranar da baƙo ya kewaye marmaron da shingen waya, ku koma kotu ba jinkiri. Ruwan gida biyu za ku nema, namu da na Milutin. Don wannan ranar na bar ƙofar shari'ar a buɗe, shi ma ya sani.

Na huɗu. Almakashin na Lejla ne.

Allah Ya yi muku albarka, Ya haɗa kanku. Ku riƙe juna, kuma ranar janazata ku sa wa Milutin kujera a cikin dangi.