Baitin da Kaka ba ta sani ba

Alhamis da dare, Unguwar Boro

Har yanzu haushi bai sake ni ba. Wata uku ina gina ƙasar almarar wasanmu a kaina, inda mutane ke zuba sunayensu cikin tulu duk ƙarshen shekara, su wayi gari ba wanda ya san kansa sai an rera waƙar kira. Ni na tsara waƙar, a cikin keke, tsakanin Kamazou da gida: "Wace ce ni kafin a raɗa mini suna? Wa ke leƙe ta cikin idona?"

Yau a wurin gwajin wasan kwaikwayon matasan coci, Malam Yohanna mai koyar da mu ya miƙe gaban Fasto ya ce wai waƙar gargajiyar ƙauyensu ce, kakarsa ta koya masa. Har da share hawaye! Sannan ya juyo ya ce, "Rifkatu, miƙo mana ruwa."

Na miƙa.

Baiti uku kawai ke hannunsa. Na huɗun, mai mayar wa mutane sunayensu, na ce zan kai masa gobe. Ba zan kai ba. Ran Asabar dattawa za su zo kallon gwajin ƙarshe. Idan 'yan wasa suka yi cirko-cirko da tulu a hannu, zan ɗaga murya in ce, "Malam, ƙarasa mana yadda Kaka ta koya maka."

Allah ya gafarta mini, amma sai ya kira sunana da bakinsa, ya ce waƙar tawa ce.