Waƙar da Malama Sivyo Ta Yi wa Mijinta

Samarkand, 9 ga Mayu, 1993

Zuwa ga ƙawata Dovra-jon,

Gaisuwa mai yawa, da fatan takardar nan za ta same ki lafiya, ke da maigidanki da yara. Yaya zafin birnin Haifa, yaya kuma ciwon gwiwar? Mu nan lafiya, sai dai unguwarmu ta Yahudawa ta kusa zama kufai. A Idin Ƙetarewa na bana gida huɗu ne kawai suka kunna wuta a layinmu.

Malama Sivyo, malamarmu ta waƙa, ta faɗi a tsakar gidanta, hannunta na dama ya shanye. Mohira, maƙwabciyarta 'yar ƙabilar Tajik da ke kai mata abinci, ita ta tare ni a kasuwa ta gaya mini. Ta ce in ina da niyyar zuwa, in zo yanzu.

Shekara goma sha tara ke nan ban taka gidan ba. Na bar ki kina zaton Malama ta yi fushi ne don na koma Tashkent da aiki. Ba haka ba ne, kuma na gaji da riƙe maganar.

Kin tuna waƙar da ta tsara wa mijinta Mishoel, wanda aka tafi da shi yaƙin Jamus bai dawo ba? Cikin duk ɗalibanta mu biyu ta koya wa, a gindin inabin nan, tana kaɗa tanbur, molonta mai dogon wuya. Ta ce kada waƙar ta fita ƙofar gidan sai bayan ranta. To, ita na rera a gasar Tashkent. Ina son in ci, kuma na san babu wadda za ta zo da kamarta. Shugaban alƙalan gasar ya ce karin ya yi daɗi amma kalmomin na makoki ne, ya tambaye ni ta wace ce. Na ce tsohuwar waƙar gargajiya ce da na gyara. Suka ba ni sababbin baitoci a kan girbin auduga. Na rera, na ci, aka ba ni aiki, rediyo ta yi ta sa ta da sunana.

Da na zo hutu na je gaishe ta da lambar yabona a ƙirji. Ba ta ɗaga murya ba. Cewa ta yi, “Kin yi saurin jan numfashi a baiti na uku.” Ta rufe ƙofa.

Gobe zan je. Ki yi mini addu'a, ji nake kamar ranar da ta fara sa mu rera a gabanta.

Taki kullum,
Osnat

Samarkand, 20 ga Yuli, 1993

Dovra-jon,

Ina gaishe ki da kewa. Na samu wasiƙarki, na gode da ba ki zage ni yadda na cancanta ba. Allah ya ƙara wa gwiwar sauƙi.

Na je. Ta rame, idanunta sun yi hazo, amma kunnen yana nan. Tun daga takuna ta gane ni. Ta ce, “Mohira, kawo shayi, tauraruwar auduga ta sauka.” Na durƙusa zan yi magana, ta ce in sauko da tanbur daga bango, shekara guda ba wanda ya ɗaure masa tsirkiya.

Tun ranar kullum ina can daga hantsi zuwa la'asar, ban da Asabar. Kin san shekara talatin da ta yi tana koyarwa a makarantar kiɗa, waƙoƙin yara kaɗai ta sa a takarda. Nata na gaske, waɗanda ta ɗora a kan baitocin Zabura da na tsofaffin mawaƙan Farisa, tsoron hukuma ya hana ta rubutawa. Sai ta rarraba mana su, wannan uku, waccan biyar. Ta ce arba'in da ɗaya ne. Yanzu ga mu a warwatse, wasu New York, wasu Vienna, ku a can. Ta ce ta zaci ta zuba ajiyarta a tukwane, ashe duk masu ƙafa ne.

Tana rerawa da ragowar muryarta, ina rubutawa da alamomin kiɗa. Mun kai goma sha ɗaya. Wani lokaci sai ta tsaya a tsakiya, ta nemi abin da ke gaba ta rasa, ta ɗora laifin a kaina, wai na kaɗa mata ba daidai ba. Ina karɓa. In na yi kuskure na gaske kuma, da hannun hagu take dukan tabarma, kamar dā. Rannan na dafa mata bakhsh, shinkafarmu mai ganye, ta ci loma uku ta ce gara in tsaya a waƙa.

Sau biyu na buɗe baki in roƙi gafara. Duk biyun ta ce lokaci ba ya jiranmu, in ɗauki alƙalami. Waƙar Mishoel kuwa ban iya tambayarta ba. Ita ce ma ta tabo ta wata rana, ta ce, “Waccan ba sai mun ɓata takarda ba, ai kin san ta.” Na sunkuyar da kai.

Takardunmu na ƙaura zuwa wajenku sun kusa fitowa. Malama ta ce ba inda za ta, gidan nan Mishoel ya bar ta, nan ya sani. Ki ɗauko mini naki biyar ɗin a kaset, ki kuma nemi duk ɗalibarta da kika san inda take.

Ki gaida kowa.
Osnat

Samarkand, 14 ga Satumba, 1993

Dovra, 'yar'uwata,

Ina fatan kuna lafiya. Ki zauna kafin ki karanta. Malama ta rasu ranar Talata, yau mako biyu ke nan, ba na nan.

Na tafi Tashkent karɓo takardunmu, kwana ɗaya ya isa. Na ƙara biyu da kaina, don ina son in je gidan rediyo a cire sunana daga waƙar a sa nata, in dawo mata da labarin. Na yi tunanin in ba ta saurari baki ba, za ta saurari wannan. Aka yi ta tura ni daga ofis zuwa ofis. A ƙarshe wata yarinya ta duba ta ce ai tun da ƙasar nan ta samu 'yancin kai aka daina sa waƙoƙin auduga, faifan ma ba ta san inda aka jibge su ba. Ta tambaye ni ko ni wace ce.

Na dawo na tarar an binne ta. Da ƙyar aka haɗa maza goman da addu'ar jana'iza ke buƙata. Mohira ta ce sau biyu ta tambaya ko na dawo, ta ce ta tuno ƙarshen waƙar da ta maƙale mana. Goma sha bakwai muka rubuta, Dovra. Goma sha bakwai cikin arba'in da ɗaya.

Ranar bakwai muka taru a gidanta, mu mata tara, har da Mohira. Bayan an ci abinci aka ce in rera wani abu nata da baki, tunda ba a kiɗa a makoki. Na ce yau ranta ya wuce, waƙar Mishoel ta samu izinin fita. Na gaya musu wadda ta tsara ta, da wanda aka yi dominsa, da abin da na yi.

Na fara. Baitin farko ya zo daidai. Da na shiga na biyu sai na ji bakina yana yabon farar auduga a gona. Na tsaya, na koma baya, haka ya sake fitowa. Na rera na ƙaryar sau ɗari-ɗari a kan dandamali, na gaskiyar ya goge. Na zauna a gabansu ban ƙarasa ba.

Kwana uku ina nema, ba abin da ya dawo. Ke kaɗai kika rage da kika ji baitocin daga bakinta. Na san kin ce rabonki da waƙa tun haihuwarki ta fari, amma ki gwada. Ko layi ɗaya kika tuna, ki rubuta ki ajiye. Kada ki aiko, wata mai zuwa muna tafe. Zan zo gidanki in zauna a ƙasa, ki koya mini.

Taki mai kewarki,
Osnat