Na Share Mabuɗin Darussanki

'Yar Baba,

Kafin ki kunna kwamfuta ki ƙwalla ihu, karanta wannan.

Ɗazu da safe kwamfutar ta ce min wuri ya cika. Ni kuma sarkin karambani na shiga foldar da take ajiye kayan aikinta, na tarar da ƙananan fayiloli masu ƙarewa da dll, sunayensu kamar kaza ta yi tonon haruffa. Na ce tarkace ne, na share, har kwandon sharar na zazzage. Ashe su ne mabuɗin bidiyon darussanki na aikin jinya. Yanzu kowanne na taɓa sai allo ya yi baƙi, wai ba ni da izini. A gidana!

Na kira mai gyaran kwamfuta, ya ce darussan suna nan lafiya, mabuɗin kawai na jefar. Zan taho da shi ƙarfe biyu, kin ga kina da sauran yini kafin jarrabawar gobe. Kada ki taɓa komai, taɓawar da na yi ta ishe mu.

Ki yi haƙuri. Na ajiye miki littafinki a kan tebur. Na buɗe shi na gwada, shi bai nemi izini ba.

Babanki, injiniya mai murabus